Bashin Gida: Lissafin Wata Ɗaya Da Lissafin Shekara Talatin

  

A makon jiya, muna fitowa daga sallar la'asar a masallacin unguwarmu ta Nasarawa, nan Birnin Kebbi, sai wani bawan Allah, ma'aikacin Gwamnatin Tarayya, ya tsaida mu da wasu takardu a hannunsa. Bayan mun gaisa sai ya ce, "Allah gafarta Malam, shekarata 38, ina da mata da 'ya'ya biyar, ina biyan haya Naira 600,000 a shekara, ga shi kuma mai gida ya aiko cewa zai yi ƙari. Na sami wani gida ta wajen hanyar Kalgo, abin da ya rage mini Naira miliyan 10 ne. An ce in na karɓi rancen asusun gidaje, kusan dubu sittin kawai zan riƙa biya a wata. To, ai dubu hamsin nake ba mai gida. In ƙara dubu goma gida ya zama nawa, ina laifi?"

Ba mu ba shi amsa nan take ba, domin fatawa a bakin ƙofar masallaci, ana neman takalma, ba safai takan yi kyau ba. Muka karɓi takardun, muka ce ya dawo bayan kwana biyu. Da yake kuwa ba shi kaɗai ke cikin wannan hali ba, kuma masu karanta wannan fili da yawa ma'aikata ne da 'yan kasuwa, muka ga ya kamata mu shimfiɗa maganar a nan.

Tun sa'ad da aka ƙirƙiri Jihar Kebbi a watan Agusta na 1991, aka mai da Birnin Kebbi hedkwata, ma'aikata suka yi ta kwararowa daga Sakkwato da sauran wurare, garin ya faɗaɗa zuwa Gesse da Badariya da Gwadangwaji, haya kuwa ta yi ta hawa. Duk magidancin da ya taɓa kwashe kayan matarsa a amalanke saboda mai gida ya ce ɗansa zai yi aure, ya san abin da ke tura mutum ga neman gidan kansa. Wannan buƙata ce ta gaskiya, shari'a ma ta san da ita, tun da ta ɗora wa miji samar wa iyalinsa mazauni. Saboda haka ba da raini za mu duba maganar wannan ɗan'uwa ba.

Rancen da yake magana a kai yana da tarihi. A shekarar 1956, zamanin Turawa, aka kafa wata ƙungiya ta ba da lamunin gine-gine a Nijeriya, wadda a 1977 aka mai da ita Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya. A 1992 gwamnatin soja ta yi doka mai lamba 3, ta kafa Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda ma'aikata suka sani da haruffan NHF a takardar albashinsu. Ana cire kashi 2.5 cikin 100 na albashin ma'aikaci kowane wata a zuba a ciki, wanda ke zubi kuma yana iya neman rance da ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, ya biya cikin lokacin da zai iya kaiwa shekara 30, gidan yana jingine har ya gama.

To, ga lissafin. Mai karatu ya ɗauki alƙalami ya bi mu sannu a hankali, don abin ba wuya gare shi ba, ɓoyayye ne kawai.

Kashi 6 cikin 100 a shekara, in an raba shi wata 12, ya zama rabin kashi ɗaya cikin 100 a wata. Watau kowace Naira 1,000 da ke wuyanka tana haifar Naira 5 a wata. Naira miliyan 10 ke nan tana haifar Naira 50,000 a watan farko. Abin da aka yanka wa mai rancen shekara 30 ya riƙa biya kowane wata kuwa shi ne Naira 59,955. Idan ya kai wannan kuɗi a ƙarshen watan farko, banki zai fara ɗebe Naira 50,000 na ruwa, sa'an nan abin da ya saura, Naira 9,955, shi kaɗai ne zai taɓa uwar kuɗi. A wata na biyu bashin ya zama Naira 9,990,045, a sake lissafa ruwa a kan wannan. Haka za a yi ta yi har sau 360.

Abin da ya kamata a lura da shi a nan shi ne, kuɗin da ake biya kowane wata ɗaya ne, bai canzawa, amma cikinsa yana canzawa. A farko kusan dukansa ruwa ne, uwar kuɗi 'yar kaɗan. Sai an haura shekara 18 ana biya kafin rabon uwar kuɗi ya rinjayi rabon ruwa a cikin kuɗin wata. Bayan shekara 10 cur, mutum ya miƙa Naira 7,194,000 da 'yan kai, amma in ya je ya tambaya nawa ake bin sa, za a ce masa kimanin Naira 8,368,000. Watau cikin miliyan bakwai da ya biya, miliyan ɗaya da dubu ɗari shida ne kawai suka rage bashin. Ba zai ci rabin bashin ba sai a wajen shekara ta 21. Ranar da ya yi biyan ƙarshe kuwa, jimlar abin da ya fita daga aljihunsa ta kai kimanin Naira 21,584,000. Ya karɓi goma, ya biya ashirin da ɗaya da rabi. Ruwan ya fi uwar kuɗin yawa.

Mutane da yawa suna jin "kashi shida" sai su zaci Naira 600,000 ce za a ɗora a kan miliyan goma, magana ta ƙare. Mun taɓa jin wani mai ilmin boko, ba jahili ba, yana faɗin haka a wurin ɗaurin aure. Kashi shidan na kowace shekara ne, a kan abin da ya rage, har ranar da bashin ya ƙare.

Yanzu bari mu taɓa tsawon lokacin, mu ga yadda lissafin ke juyawa. Wannan miliyan 10 ɗin, da wannan ruwan, in a shekara 20 za a biya, kuɗin wata ya zama Naira 71,643, jimla kimanin Naira 17,194,000. In a shekara 15 ne, Naira 84,386 a wata, jimla kimanin Naira 15,189,000. In kuwa a shekara 10 ne, Naira 111,021 a wata, jimla kimanin Naira 13,322,000. Tsakanin mai shekara 20 da mai shekara 30 bambancin wata bai kai Naira 12,000 ba, amma wannan ɗan sauƙin ya jawo wa mai shekara 30 ƙarin kusan Naira miliyan 4.4. Sauƙin wata ana sayensa ne, kuma da tsada.

Da ɗan'uwan nan ya dawo muka nuna masa wani abu da bai lura da shi ba. Ma'aikacin gwamnati yana ajiye aiki in ya cika shekara 60 da haihuwa ko shekara 35 yana aiki, masu ba da rance kuwa suna son bashin ya ƙare kafin albashi ya tsaya. Mai shekara 38 ba shi da shekara 30 a gabansa a bakin aiki, iyakarsa 22. Saboda haka dubu sittin ɗin da aka faɗa masa ba tasa ba ce, ta matashi ce ɗan shekara 30. Nasa lissafin ya fi kusa da Naira 71,643. Bugu da ƙari, ƙa'ida ce kada biyan wata ya wuce sulusin abin da mutum ke samu, watau sai mai albashin kimanin Naira 215,000. A Jihar Kebbi mafi ƙarancin albashi ya zama Naira 75,000 a watan Oktoba na 2024. Sulusinsa Naira 25,000 ke nan, wanda ko a shekara 30 ba zai ɗauki rancen da ya wuce Naira miliyan 4 da 'yan kai ba. Masinja da direba su duba su gani ko akwai gidan da wannan kuɗi zai saya.

Duk wannan fa rancen asusu ne, mai rangwame. Ɗan kasuwar da ba ya zubi a asusun, in ya doshi bankin kasuwanci, wani labari ne dabam. A watan Nuwamba na 2024 Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 cikin 100, bankunan kasuwanci kuwa da wannan ma'auni suke auna nasu. Bari mu ƙaddara kashi 24 ne, don lissafi ya yi sauƙi, watau kashi 2 a wata. Miliyan 10 za ta haifi Naira 200,000 a watan farko. Mai biya a shekara 10 zai riƙa ba da Naira 220,481, jimla kusan miliyan 26 da rabi. Mai shekara 15 zai ba da Naira 205,827, jimla miliyan 37. Mai shekara 20 zai ba da Naira 201,741, jimla fiye da miliyan 48. A dubi na ƙarshen nan da kyau. A watan farko, cikin dubu ɗari biyu da ɗaya da ya kai, Naira 1,741 ce kawai ta shiga uwar kuɗi. Galibi kuma irin wannan rance ruwansa ba a ɗaure yake ba, akwai sharaɗi a takarda cewa banki yana iya ɗagawa in kasuwa ta canza.

Akwai kuma kuɗaɗen da ba su cikin lissafin wata: abin da mai saye zai fara ajiyewa daga aljihunsa, ladan mai ƙiyasta darajar gida, ladan lauya, kuɗin rajista, da inshorar gobara da ta rai wadda ake sabuntawa. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 kuma ta ce ba a jinginar da fili mai takardar shaidar mallaka sai da amincewar Gwamna, wannan ma da ɗawainiyarsa. Gidajen tsohon gari da yawa, waɗanda aka gada kaka da kakanni, ba su da irin wannan takarda ko kaɗan.

Wannan shi ne lissafi. Saura hukunci.

Jingina a kanta ba ta da laifi. Aya ta 283 ta Suratul Baƙara ta zo da ita, kuma ya inganta cikin Sahihul Bukhari cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi wafati sulkensa yana jingine a wurin wani Bayahude a kan sa'i 30 na sha'ir da ya karɓo wa iyalinsa. Bashi ma ba haramun ba ne, aya mafi tsawo cikin Alƙur'ani, ta 282, a kan rubuta shi ta sauka. Inda matsala take shi ne wannan Naira 50,000 ta watan farko da 'yan'uwanta. Ɗan'uwanmu ya kwatanta ta da hayar da yake biya, kuma lalle adadin ya zo daidai. Amma mai gidan haya yana ba ka amfanin ɗaki da inuwa da rijiya, gidan nasa ne, in damina ta kada katanga asararsa ce. Banki kuwa bai mallaki gidan ba ko na yini ɗaya, kuɗi ya ba ka, yana karɓar hayar kuɗi. In gidan ya rushe bashinsa yana nan, in ka yi jinkiri ya ƙaru. Ƙarin da aka sharɗanta a kan rance saboda lokaci shi ne ribar da ayoyi na 275 zuwa 279 na wannan sura suka hana, suka kuma bar wa mai bin bashi uwar kuɗinsa kawai. A Hajjin Ban-kwana, shekara ta 10 bayan Hijira, ribar da Annabi ya fara sokewa ita ce ta baffansa Abbas. Hadisin Jabir da ke cikin Sahihu Muslim kuma bai tsaya kan mai ci ba, ya haɗa da mai bayarwa da marubuci da shaidu.

Malaman zamani ba su bar maganar a duhu ba. Taron Cibiyar Binciken Musulunci ta Azhar da aka yi a Alƙahira a 1965 ya yanke cewa ruwan banki riba ne, kaɗan da mai yawa. Majalisar Fiƙihu ta Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi, a zamanta na Jidda a watan Maris na 1990, ta duba batun gidaje musamman. Ta yarda cewa mazauni yana cikin buƙatun asali na ɗan Adam, amma ta ce hanyar bankunan gidaje ta rance da ruwa haramun ce, ko ruwan ya yi ƙanƙanta.

A nan ne ɗan'uwan namu ya kawo hujjar da ta fi kowace ƙarfi, kuma ba za mu ɓoye ta ba. Ya ce, "Malam, a watan Disamba na 2024 hauhawar farashi ta kai kusan kashi 35 cikin 100. Wanda ya ba ni rance a kan kashi 6, ai shi ne ke asara. Wa aka zalunta?" Ta fuskar lissafi gaskiya ya faɗa. Mafi ƙarancin albashi na ƙasa Naira 18,000 ne a 2011, ya zama 30,000 a 2019, ya zama 70,000 a 2024. Wanda aka ɗaure wa biyan wata a 2011 yana biya yau da kuɗin da suka yi sauƙi ƙwarai. Miliyan 21 da rabi da aka watsa cikin shekara 30 ba daidai take da miliyan 21 da rabi a hannu yau ba. Duk wanda ya ce wa ma'aikaci rancen asusu ya fi komai tsada, bai gaya masa gaskiya ba, mu kuwa ba mu kare addini da ƙarya.

Amma akwai abu biyu. Albashi ba ya bin farashi kafaɗa da kafaɗa, yakan yi shekaru a kwance sa'an nan ya motsa, a tsakanin nan kuwa abinci da kuɗin makaranta da magani sun cinye ragowar sulusi biyun, alhali na banki an riga an cire shi tun daga tushe. Na biyu, wanda ya fi muhimmanci, hukuncin bai rataya a kan wa ya ci riba wa ya faɗi ba, ya rataya a kan sharaɗin da aka ƙulla. Wannan Majalisar Fiƙihu, a zamanta na Kuwait a 1988, ta yanke cewa bashin kuɗi ana biyansa da kwatankwacin adadinsa, ba a ɗaura shi da hawa da saukar farashi. Wannan hukunci mai bin bashi ya fi takurawa, tun da ya hana shi cewa Naira ta faɗi a ƙara masa. Wanda ya ci gajiyar hukuncin sa'ad da ake bin sa, ba zai juya ya ce faɗuwar Naira ta halatta ƙarin da aka rubuta tun ranar farko ba.

Wasu kuma sukan kafa hujja da fatawar Majalisar Fatawa ta Turai, wadda ta zauna a Dublin a watan Oktoba na 1999 ta yi rangwame ga Musulmin da ke zaune can su sayi gidan zama da irin wannan rance. Fatawar tana da sharuɗɗa: mutum ba shi da wani gida, ba shi da kuɗin saye, kuma babu wata hanya ta halal a ƙasar. Duk da haka malamai da yawa sun yi mata raddi. Ɗauko ta daga Ingila da Faransa a sauke ta a ƙasar Gwandu, inda Musulmi ke riƙe da mulki da kasuwa, ba aikin mai fiƙihu ba ne.

To, mene ne mafita? Bankin Jaiz ya fara aiki a watan Janairu na 2012, TAJBank ya biyo baya a 2019, Lotus a 2021, duka a kan tsarin da ba ruwa. Hanyoyin da irin waɗannan bankuna ke bi sanannu ne a littattafanmu. Akwai murabaha, watau banki ya sayi gidan ya mallake shi, sa'an nan ya sayar maka da riba sananniya, ka biya kashi-kashi. Malikiyya da jumhurun malamai sun halatta farashin ajali ya fi na hannu, muddin an rabu a kan farashi ɗaya. Akwai ijara mai ƙarewa da mallaka. Akwai kuma tarayya mai raguwa, inda kai da banki kuke haɗa kuɗi ku sayi gida, kana biyan hayar rabonsa kana kuma saye rabon kaɗan-kaɗan har ya ƙare. Majalisar Fiƙihu ta amince da wannan a Maskat a 2004, da sharaɗin asara ta hau kan kowa gwargwadon rabonsa.

Sai dai muna gargaɗi, kuma nan ne wasu masu wa'azi ke yin sakaci. Halal ba lalle ta zama mai araha ba. A ƙaddara banki ya sayi gida miliyan 10 ya sayar maka miliyan 18 a shekara 10. Naira 150,000 ke nan a wata, ya fi abin da mai rancen asusu zai biya cikin wannan lokaci da kusan miliyan biyar. Cinikin ya halatta, amma yana iya karya magidanci. Abin da ka samu a ciki shi ne farashin a ɗaure yake, miliyan 18 ba ta zama 19 don ka makara ko don Babban Banki ya ɗaga ma'auni. Saboda haka alƙalamin da muka ɗauka ɗazu, kada a ajiye shi don an ga sunan Larabci a kan takarda. A ninka kuɗin wata da yawan watanni a ga jimla. A tambaya ko bankin ya mallaki gidan da gaske kafin ya sayar, domin in kuɗi kawai ya tura maka ya kira shi murabaha, suna ne ya canza. In haya ce, a tambaya yaushe ake sake duba ta, da wane ma'auni, kuma wa ke ɗaukar babban gyara. A tambaya in an makara ina tarar ke tafiya, don masu halatta ta ma sun ce sadaka za a yi da ita, ba ta shiga ribar banki. A kuma tambaya in mutum ya sami buɗi ya biya da wuri, ko za a rage masa. Mashahurin zance a mazhabar Imamu Malik shi ne hana cinikin "rage mini in gaggauta maka", amma Majalisar Fiƙihu ta halatta shi a 1992 in ba a sharɗanta shi tun farko ba.

Akwai wani ɓangare na lissafin rayuwa da takardar banki ba ta nunawa, shi ne mutuwa. Wanda ya sa hannu a kan shekara 20 ya yi alkawari da kwanakin da ba a ba shi tabbacinsu ba. A mazhabarmu bashin ajali yana zama na nan take da mutuwar wanda ake bi. Shehu Halil kuma, a babin gado na Muhtasar, ya sa haƙƙin da ya rataya da wani abu ayyananne, kamar jingina, a gaban komai, har gaban likkafani. Watau kafin matar mamaci ta ga tumuninta, kafin marayu su ga ko kwabo, sai an sallami mai jingina daga kuɗin gidan. Ba ya cinye gidan, shari'a ta hana wannan, ana sayarwa ne a biya shi a mai da wa magada saura. Amma a tuna da lissafinmu na baya: wanda ya rasu a shekara ta 10 ya bar fiye da kashi 83 cikin 100 na bashin bai taɓu ba. Don haka ne bankuna ke tilasta inshorar rai, Musulmi kuwa ya nemi ta takaful. An ruwaito cewa an kawo wa Annabi gawar wani mai bashi, bai yi masa salla ba sai da Abu Ƙatada ya ɗauki nauyin biya.

'Yan kasuwa kuma nasu haɗarin dabam ne. Ma'aikaci ya san ranar albashi, amma mai sarin shinkafa tsakanin Argungu da Birnin Kebbi samunsa na kaka ne. A daminar 2020 ambaliya ta shafe gonakin shinkafa masu yawa a fadamar Rima, wanda ya ba manoma kuɗi a gaba ya san yadda shekarar ta ƙare. Watan banki bai san rani da damina ba. Kuma duk Nairar da aka zare daga jari aka kai biyan gida ta daina juyawa. Hanyar iyayenmu ita ce a sayi fili, a ja katanga, a yi ɗaki biyu a tare, in an kwashi adashi a ƙara ɗaya. Ita ma tana da tsadarta, don a watan Fabrairu na 2024 buhun siminti ya haura Naira 10,000, mai gini a hankali kuma yana biyan haya yana jira. Amma ranar da kasuwa ta tsaya, ginin ne ke tsayawa, ba mai zuwa da takardar kotu. Wanda ke gudun tashin farashi yana iya ƙulla istisna'i da magini amintacce, watau a yanke siffar gida da farashinsa da lokacinsa, a biya kashi-kashi, a rubuta da shaidu.

Muna da magana kuma da hukuma. Hadisin da muka ambata yana da ƙarashe: bayan Allah ya yi buɗi, Annabi ya ɗauki biyan bashin Musulmin da ya mutu bai bar abin biya ba. Shugaba yana da rabo cikin wannan nauyi. Kuɗin asusun gidaje guminsu ne na ma'aikata, kuma hanyoyin da Majalisar Fiƙihu ta zana a 1990 ba su fi ƙarfin gwamnati ba: ta ba da rance ba ruwa ta karɓi ladan ɗawainiya na haƙiƙa kawai, ko ta gina ta sayar da ajali. Gidan miliyan 10 in an sayar wa ma'aikaci a kan miliyan 17 cikin shekara 20, asusu bai rasa abin da yake samu ba, ma'aikaci kuma ya san farashinsa tun ranar farko. Ya kamata ƙungiyoyin ƙwadago da na ma'aikata Musulmi su riƙa neman wannan a rubuce duk lokacin da aka zo rabon gidaje, kada su tsaya kan yawan ɗakuna kawai.

Ɗan'uwan ya yi tambaya ta ƙarshe game da kashi 2.5 da ake cire masa. Muka ce wannan doka ce ta cire, ba shi da laifi a kai. In ya ajiye aiki aka mai do masa, ya riƙe abin da ya zuba, ƙarin da ya hau kai kuwa ya fitar da shi ga mabukata ko wani aikin amfanin jama'a, ba da niyyar neman lada ba. Wanda kuma ya riga ya shiga irin wannan rance cikin rashin sani, kada ya daina biya ya jawo a sayar da gidan a kan iyalinsa. Ya tuba, ya yi ƙoƙarin rage uwar kuɗin da duk abin da ya samu, tun da kowace Naira 1,000 da ya rage ta kashe Naira 5 na ruwa a kowane wata da ya saura.

Ya naɗe takardunsa ya ce zai je ɗaya daga cikin bankunan da ba ruwa ya ji nasu farashin, zai kuma yi magana da wansa a kan wani fili da mahaifinsu ya bari a Badariya. Muka ce ya kawo mana takardar tasu mu karanta tare kafin ya sa hannu. Mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, za mu duba tambayar da wani ɗan kasuwa ya aiko daga Argungu a kan zakkar gidajen haya.